Frank Vincent: Makaɗin Da Ya Zama Fuskar 'Yan Mafiya

Masu kallo, duk wanda ya ga Goodfellas, fim ɗin Martin Scorsese na 1990, ya san yadda yake farawa. Mutum uku cikin mota da tsakar dare, sai ga ƙarar bugu daga baya. Suka gangara gefen hanya, suka buɗe but, ga mutum kwance jina-jina, da sauran numfashinsa. Wanda ke cikin but ɗin nan shi ne Frank Vincent. Mutane da yawa sun san fuskarsa, da furfurar nan tasa da yake taje ta baya tsaf, amma a tambaye su sunansa sai su yi shiru.

An haife shi a 1937 a jihar Massachusetts ta Amurka, ya tashi a Jersey City. Asalin gidansu 'yan Italiya ne. Da kiɗa ya fara neman abinci, yana buga ganguna a gidajen rawa da ƙungiyarsa. Wajen ƙarshen shekarun 1960 suka ɗauki wani gajeren saurayi mai kaɗa jita, sunansa Joe Pesci. Da kasuwar irin kiɗansu ta ja baya, sai su biyun suka koma barkwanci a kan dandamali, wannan ya tsokani wancan, wancan ya rama, jama'a na dariya. Shekaru suka yi a haka. Ku riƙe wannan, domin daga nan ne duk abin da ya biyo baya ya samo tushe. Makaɗi ya san inda ake dakatawa kafin a sauke sanda, mai barkwanci kuma ya san daƙiƙar da ake sakin magana.

A 1976 suka fito tare a wani ƙaramin fim mai suna The Death Collector. Bai yi wata kasuwa ba, amma jarumi Robert De Niro ya gan shi, ya kai wa Scorsese labari. Haka aka kira su Raging Bull na 1980. Vincent ya fito a matsayin Salvy, yaron manyan 'yan mafiya, kuma a nan Pesci ya fara lakaɗa masa duka a gaban kyamara, har da maka masa ƙofar tasi.

Yanzu mu dawo Goodfellas, mu tsaya a cikin mashayar nan. Billy Batts, wato Vincent, ya fito daga kurkuku ana yi masa liyafa. Tommy, wato Pesci, ya shigo. Batts ya rungume shi, sannan ya shiga ba mutane labarin yadda Tommy yake shushaina yana yaro, yana goge takalmi har ya yi ƙyalli. Tommy ya haɗe rai. Batts ya sassauta murya, ya ce wasa yake yi, ya ba da haƙuri. Kowa ya ɗauka magana ta mutu. Ku dubi abin da ya yi daga nan: ya ɗaga kofi, ya kurɓa a hankali, ya bar shirun ya yi tsawo, sannan ya ce wa Tommy ya je gida ya ɗauko akwatin shushainarsa. Da ya yi gaggawa da daƙiƙa ɗaya, da zagi ne kawai. Jinkirin ne ya mai da shi cin mutuncin da ba ya wankuwa.

Mintunansa a fim ɗin ba su da yawa, amma rabin labarin a kansa ya rataya. Batts cikakken ɗan gida ne da aka rantsar a cikin iyalin Gambino, ɗaya daga manyan ƙungiyoyin mafiya na New York, kuma a dokarsu ba a taɓa irinsa sai da izinin manya. Kisan da Tommy ya yi masa shi ya ja masa nasa ajalin daga baya. Abin kuma ya faru da gaske, a 1970 aka kashe Billy Batts na ainihi. Pesci ya ci kyautar Oscar da wannan fim, kuma ya cancanta. Sai dai a ganina haukan Tommy ba zai shiga zuciyar mai kallo haka ba in da bai samu wanda ya san daidai inda zai soke shi ba.

A Casino na 1995 ne reshe ya juye da mujiya. Vincent ya fito a Frank Marino, na hannun daman Nicky, wato Pesci. Tsawon fim yana bayansa, ba ya yawan magana. A ƙarshe, cikin gonar masara, Nicky yana tsaka da ba mu labari da bakinsa, sai sandar Marino ta sauka a bayansa, muryar ta katse. Aka binne shi da ƙanensa da sauran ransu.

Spike Lee ma ya yi aiki da shi sau biyu, a Do the Right Thing da Jungle Fever. A na biyun ne ya fito uban da ya kasa jure ganin 'yarsa da baƙar fata. Masu wasan kwamfuta kuwa muryarsa suka sani, shi ne Salvatore Leone a Grand Theft Auto III na 2001.

Babban rabonsa ya zo ne yana dab da shekara 70. A 2004 ya shiga The Sopranos, shirin talabijin mai dogon zango kan 'yan mafiya, a matsayin Phil Leotardo, bos ɗin da ya tsaya wa jarumin shirin, Tony Soprano, a maƙoshi. Nan ne karon farko da aka ba shi fili sosai. Phil mutum ne da ya yi shekara 20 a kurkuku bai tona asirin kowa ba, ya fito ya tarar zamani ya wuce shi, sannan aka kashe masa ƙane. Vincent bai yi shi da hargowa ba. Ƙullaci ya ɗora masa, irin na dattijon da yake ganin an ci amanarsa, har kana tsoronsa kana kuma gane abin da ke cinsa. A kashi na ƙarshe, a 2007, aka harbe Phil a gidan mai a gaban matarsa da jikokinsa.

Frank Vincent ya rasu ranar 13 ga Satumba, 2017, a New Jersey, bayan ciwon zuciya da ya kai ga yi masa tiyata. Shekararsa 80.