Sarauniya Elizabeth ta Ɗaya: 'yar da aka so ta zo namiji

Assalamu alaikum masu kallo, barkanmu da sake saduwa.

Ran 7 ga Satumba 1533, a fadar Greenwich da ke bakin kogin Thames, Sarauniya Anne Boleyn ta sauka lafiya. Tun kafin naƙuda marubutan fada sun gama rubuta takardun albishir, kowace na cewa an sami yarima. Da aka ce mace ce, sai suka koma suna cusa harafi a ƙarshen kalmar don ta koma gimbiya. Wasan dawakin da aka shirya ma soke shi aka yi. Da wannan aka tarbi Elizabeth a duniya.

Abin da ya sa haihuwar mace ta yi wa Sarki Henry na Takwas zafi shi ne gidansu na Tudor sabon shiga ne a sarauta. Mahaifinsa, Henry na Bakwai, da takobi ya karɓi mulki a fagen daga na Bosworth a 1485, bayan shekara talatin ana yaƙin gida tsakanin zuriyar York da ta Lancaster. Ya auri 'yar gidan York don a kashe wutar. Ɗansa ya tashi da tsoron cewa in babu magaji namiji, ƙasa za ta koma gidan jiya.

Matarsa ta fari, Catherine 'yar sarakunan Sifen, a hannun yayansa Arthur ya gaje ta. Ta yi ta wabi, Mary kaɗai ta tsaya. A ɗariƙar Katolika kuwa ba saki, ba ƙarin aure. Henry ya roƙi Fafaroma ya warware auren, shi kuma Fafaroma yana tsaka mai wuya, domin sojojin Charles na Biyar, ɗan yayar Catherine, sun mamaye birnin Rum a 1527. Da ya gaji da jira, sai ya raba cocin Ingila da Fafaroma baki ɗaya, ya auri Anne. Duk wannan fa saboda ɗa namiji.

Anne ba ta samu ba. Ran 19 ga Mayu 1536, bisa zargin cin amanar aure da yawancin masana tarihi suke ganin sharri ne, wani hauni da aka ɗauko daga Calais ya sare mata kai da takobi. Kwana goma sha ɗaya tsakani Henry ya yi sabuwar amarya, Jane Seymour. Elizabeth na da shekara biyu da wata takwas. Aka soke auren iyayenta, doka ta mai da ita 'yar gaba da fatiha.

Akwai wata wasiƙa daga wannan shekara da take ba ni tausayi duk sanda na tuna ta. Mai renonta, Lady Bryan, ta rubuta wa Cromwell, wazirin sarki, cewa yarinyar nan ba ta da riga, ba ta da fatari, ba ta da ko kayan barci, duk sun yi mata kaɗan. 'Yar sarkin Ingila ke nan, sai an yi mata roƙon sutura.

Ta girma tana kallon matan ubanta suna shiga suna fita. Jane Seymour ta haifi Edward, ta rasu kafin ta yi arba'in. Catherine Howard, 'yar uwar mahaifiyarta ta jini, ita ma kanta aka sare, lokacin Elizabeth na shekara takwas. Ta ƙarshensu, Catherine Parr, ita ce ta riƙe ta riƙon uwa. A zamaninta ne, a 1544, aka mayar da Mary da Elizabeth layin gado, amma ba a wanke su daga waccan dokar ba. Yarinyar dai akwai kai. Ta iya Latin, Girkanci, Faransanci da Italiyanci, kuma tana shekara goma sha ɗaya ta fassara wata doguwar waƙar addini daga Faransanci, ta yi wa bangon littafin ado da allura da hannunta, ta ba matar uban nata kyauta.

Bayan rasuwar Henry a 1547, Catherine Parr ta auri Thomas Seymour, Elizabeth na zaune a gidansu. Mutumin nan ya riƙa faɗa mata ɗaki da sassafe da wasan banza, tana shekara goma sha huɗu, har aka raba ta da gidan. Da aka kama shi kan cin amanar ƙasa a 1549, sai aka tsare ta da tambayoyi kwana da kwanaki ko ta yarda za ta aure shi. Ba su sami komai a bakinta ba. Shi kuwa aka sare shi.

Edward, wanda ya gaji Henry, ya rasu yana ɗan shekara goma sha biyar, Mary ta hau a 1553. Ga bambancin ɗariƙa, Mary Katolika ce, Elizabeth Furotesta, ga kuma 'yan ubanci, tunda uwar wannan ce ta kori uwar waccan. Da Thomas Wyatt ya yi bore a 1554, aka zargi Elizabeth. Akwai wata takarda, wasiƙar da ta rubuta wa yayarta ranar da aka zo tafiya da ita kurkukun Hasumiyar Landan. Ta ja rubutun har ruwan kogin ya juya, jirgi ya kasa tashi sai washegari. Wurin da ya rage fari a ƙasan takardar kuma ta zana masa layuka a karkace, kada wani ya ƙara mata abin da ba ta faɗa ba. Wata biyu ta yi a inda aka kashe uwarta, sannan aka mai da ita ɗaurin talala a Woodstock.

Mary ta rasu ba ɗa ran 17 ga Nuwamba 1558. Elizabeth ta zama sarauniya tana shekara ashirin da biyar.

Nan take manema suka yi layi: Philip na Sifen, mijin marigayiya yayarta, da sarkin Sweden, daga baya har ƙanin sarkin Faransa. Ba ta ce e ba, ba ta ce a'a ba, ta yi ta jan su da zare muddin hakan zai amfani Ingila. Wanda zuciyarta ta fi karkata gare shi, Robert Dudley, yana da mata, kuma da aka tsinci gawar matar a gindin matakala a 1560, maganar aure ta mutu. Majalisa ta yi roƙo har ta gaji, musamman bayan agana ta kusa kashe ta a 1562. Masana na kawo dalilan siyasa, kuma suna da gaskiya, domin a wancan zamani miji zai so ya riƙe linzami. Ni dai a ganina, wadda ta ga abin da aure ya yi wa matan gidansu ba ta buƙatar a yi mata dogon bayani. Magaji ma ta ƙi ambata, saboda ta tuna yadda masu makirci suka riƙa fakewa da sunanta a zamanin Mary.

Kada a ɗauka hannunta tsaf yake. Ta tsare 'yar uwarta Sarauniya Mary ta Skotland shekara goma sha tara, ta sa hannu aka kashe ta a 1587, alhali ko sau ɗaya ba su taɓa haɗuwa ba. Ita ce ta ba John Hawkins, wani matuƙin jirgin ruwa, aron jirginta a 1564, ya je gaɓar Afirka ta Yamma ya kwashi mutane ya sayar a bayi. Bayan rundunar jiragen Sifen da ta zo yaƙar Ingila ta watse a 1588, ta ci gaba da ƙawance da sarkin Maroko Ahmad al-Mansur, wanda dakarunsa suka rusa daular Songhai a 1591, har jakadansa ya zo Landan a 1600.

Ta rasu a Richmond ran 24 ga Maris 1603, tana shekara sittin da tara, bayan shekara arba'in da huɗu a kan gado. A akwatin da ke gefen gadonta aka sami wasiƙar Dudley, ta rubuta a bayanta cewa ita ce ta ƙarshe daga gare shi. Gidan Tudor ya ƙare da ita. Sarauta ta koma hannun James na Skotland, ɗan matar da ta sa aka kashe, kuma shi ne ya sa aka ɗauke gawarta aka haɗa ta kabari ɗaya da yayarta Mary a cocin Westminster.