Fim ɗin da aka ɗauka kwana 4 kafin San Francisco ta ƙone

Titin da kuke gani a wannan fim ɗin sunansa Market Street, babban titin birnin San Francisco ne a Amurka, a shekarar 1906. Wasu 'yan'uwa masu sana'ar ɗaukar fim, waɗanda aka sani da Miles Brothers, su ne suka ɗaure kyamara a goshin taragon cikin gari, suka bar ta tana ɗauka har ya isa tashar jiragen ruwa mai doguwar hasumiya da kuke hangowa can gaba. Tafiyar kusan minti 12 ce, ba sauti, ba mai bayani.

Ku dubi titin da kyau. Babu danja, kowa hannun da ya ga dama yake bi. Ga keken doki, ga mai keke, ga yara suna gilmawa dab da tarago suna waiwayen kyamara.

Ranar 18 ga Afrilu da asuba, girgizar ƙasa ta afka wa birnin, gobara ta biyo baya ta kwana 3 tana ci. Mutum kusan 3,000 suka rasu, yawancin gine-ginen nan suka zama toka.

An daɗe ana zaton a 1905 aka ɗauki fim ɗin, sai da wani masanin tarihin fina-finai, David Kiehn, ya bi diddigi. Kun ga ruwan da ya kwanta a kan titi? Ya duba bayanan yanayi na lokacin, ya gano sa'ad da aka yi ruwan. Ya karanta lambobin motoci, ya tarar a farkon 1906 aka yi wa wasu rajista. Da ya haɗa da tallar fim ɗin a tsohuwar jarida, lissafi ya tsaya a 14 ga Afrilu. Wannan aikin haƙuri ne, kuma ni shi ya fi burge ni a labarin nan.

Amma fa kada yawan motocin ya ruɗe ku. 'Yan ƙalilan ne, suke wuce kyamara su zagayo su sake wucewa, domin garin ya fito kamar ya cika da mota. Lambar mota ɗaya takan bayyana sau da dama.

Fim ɗin ya tsira ne saboda an riga an aika shi New York ta jirgin ƙasa kafin girgizar. Ofishin 'yan'uwan da ke kan wannan titi kuwa, wuta ta cinye shi.