Lada, Daɗi Ko Marmari? Lacca Kan Hanyar Dofamin A Ƙwaƙwalwa

An gabatar da wannan lacca a wani zaure da ke Unguwar Rimi, Kaduna, a gaban malaman sakandare, ma'aikatan jinya, iyaye da wasu masu shirye-shiryen rediyo. Mai jawabin malami ne da ke koyar da ilimin aikin sassan jiki. An rubuto ta daga muryar da aka naɗa, an rage maimaici.

Assalamu alaikum. Iyayena mata da ke sahun gaba, malamai, 'yan'uwa ma'aikatan lafiya, barkanku da yamma.

Kalma guda ce ta kawo ni wurin nan. Kwanakin baya ina cikin Keke Napep daga Kawo zuwa kasuwa, direba ya kunna rediyo, sai na ji mai shiri yana bayani cewa akwai wata "hanyar lada" a cikin ƙwaƙwalwa, kuma dofamin shi ne "sinadarin jin daɗi". Wani dattijo da ke gefena ya gyara zaman hularsa ya ce, "Lada kuma? Ashe a cikin kai ake rubuta shi?" Ban ga laifin Baba ba. A kunnen Bahaushe lada na wurin Allah ne, shi ake nema da sallah da sadaka da zumunci. Mai shirin ma ba da gangan ya yi ba, ƙamus ya buɗe ya ɗauko abin da ya tarar. Amma tun ranar abin ke damuna, domin in suna ya karkace, maganin da za mu nemo wa 'ya'yanmu shi ma zai karkace.

Kalmar Turancin da aka fassara da lada, wato "reward", a bakin masu binciken halayyar dabbobi, tana nufin duk wani abin da mai rai zai sha wahala don ya same shi, in kuma ya samu ya sake komawa nema. Ba ruwanta da halal ko haram. Abinci yana ciki, ruwa ga mai ƙishi yana ciki, saduwar iyali, yabo daga uba, kuɗi, har da kodin da hodar ibilis. To ku gaya mini, wa zai iya buɗe baki ya ce mai shan kodin yana samun lada?

Bari mu fara da inda hanyar take. A ƙwaƙwalwar mutum akwai ƙwayoyin jijiya kimanin biliyan 86. Waɗanda ke haɗa dofamin a cikinsu ba su kai miliyan ɗaya ba, kuma yawancinsu suna cunkushe can ƙasa a tsakiyar kai. Wani rukuni nasu yana zaune a wurin da likitoci ke taƙaita sunansa da VTA. Daga nan suke miƙa dogayen zare zuwa gaba, zuwa wani ɗan dunƙule mai suna akumbens, wasu zaren kuma su wuce har bayan goshi, inda ake auna abu kafin a yi shi. Wannan layin daga VTA zuwa akumbens shi ne ake kira mesolimbik a littattafan likitanci, kuma shi ne muke magana a kai. Ba wani bututu ba ne mai zubar da ruwa. Ƙwayar jijiya ce take fesa ɗan sinadari a bakin maƙwabciyarta, maƙwabciyar ta karɓa, sannan a tsotse ragowar a mayar.

Dofamin yana da wasu ayyukan da ba su shafi wannan hanya ba. Akwai layin da ke kula da motsin jiki, wanda in ƙwayoyinsa suka mutu sai a samu ciwon Parkinson, mai rawar hannu da sanƙarewar jiki. Akwai wanda ke danne sinadarin da ke kawo ruwan nono, shi ya sa wasu magungunan taɓin hankali masu toshe dofamin kan sa nono ya kawo ga wadda ba ta shayarwa. 'Yan'uwana ma'aikatan jinya sun sha ganin haka. Baturen ƙasar Suwidin Arvid Carlsson shi ya nuna a ƙarshen shekarun 1950 cewa dofamin manzo ne tsakanin jijiyoyi, aka ba shi kyautar Nobel a shekarar 2000.

To daga ina sunan "jin daɗi" ya fito? A 1954, a Jami'ar McGill ta Kanada, James Olds da Peter Milner sun dasa siririyar waya a ƙwaƙwalwar ɓera, suka haɗa ta da wani ɗan maɓalli. In ɓeran ya taka, sai ɗan lantarki ya taɓa wurin. Ɓeran ya kama takawa babu ƙaƙƙautawa, fiye da sau dubu a awa guda. Duk wanda ya ga haka zai ce ai daɗi yake ji. Olds da kansa a 1956 ya kira wurin cibiyar jin daɗi. Daga baya da aka gano cewa dofamin yana da hannu a wannan takawar, sai sunan ya manne masa. Shekara kusan saba'in ke nan, har ya iso cikin Keke Napep a Kawo.

Amma bincike bai tsaya nan ba, kuma a nan nake so ku ba ni hankalinku.

Wani masani mai suna Wolfram Schultz ya yi shekaru yana sauraron ƙwayoyin dofamin ɗaya-ɗaya a ƙwaƙwalwar birai. Idan aka ɗiga wa biri ruwan 'ya'yan itace a baki ba zato, sai ƙwayoyin su yi tartsatsi. Sai aka riƙa kunna wata 'yar fitila kafin ɗigon ya zo. Da birin ya gane, sai tartsatsin ya tashi daga kan ɗigon ya koma kan fitilar. Ruwan ya zo, birin ya sha, zaƙinsa na nan yadda yake, amma ƙwayoyin ko gezau. Ranar da aka kunna fitila aka hana ruwan, a daidai lokacin da ya kamata ya zo, sai ƙwayoyin suka yi tsit, ƙasa da yadda suke a kullum. A 1997 Schultz da Peter Dayan da Read Montague suka wallafa bayanin wannan: dofamin yana auna tazarar da ke tsakanin abin da ka sa rai da abin da ka samu.

Mu kam muna da wannan a al'adarmu. Yaro ya shigo da gudu ya ce, "Albishirinki!" Ki ce, "Goro." Ya ce, "Fari ko ja?" Ki ce, "Fari tas." Ya ce, "Yaya ta haihu, namiji!" A lokacin ba ki ga jaririn ba, ba ki ɗauke shi ba, amma kin riga kin miƙe kina neman mayafi da takalmi. Wannan miƙewar ita ce aikin dofamin. In kuma wani yaron ya biyo baya da labarin nan dai, ba shi da goro, don kin riga kin sani. Hanyar nan ta ƙwaƙwalwa mai albishir ce, tana tashin ka ka nufi abu, kuma tana rubuta duk alamar da ta zo kafin abin, domin gobe ka gane ta tun daga nesa.

Sai Kent Berridge da Terry Robinson na Jami'ar Michigan a Amurka suka ƙara raba gardama. An kashe kusan duk dofamin ɗin wannan yankin a ƙwaƙwalwar ɓeraye. Ɓerayen suka daina neman abinci, ga shi a gabansu amma sai sun mutu da yunwa in ba a ɗura musu ba. Da aka ɗiga musu ruwan sukari a harshe, sai suka lashe baki kamar kowane ɓera mai lafiya. Daɗin yana nan, neman ne ya tafi. Daɗin kansa wasu ƙananan wurare ne ke riƙe da shi, da wasu sinadarai daban da jiki ke haɗawa.

Duk wanda ya taɓa azumi ya san bambancin nan a jikinsa. Bayan la'asar ka bi ta Tudun Wada, ƙamshin ƙosai ya daki hancinka, ka ga mai kankana ya yanka ta ja wur, ka ga tsire yana naso a kan wuta. Ka sayi wannan ka sayi wancan, kana jin kamar za ka cinye kasuwar. Aka kira magariba, dabino uku da kofin kunu, shi ke nan, ledojin suna kallon ka. Abin da ya sa ka ciro kuɗi ƙarfe biyar shi ne marmari. Abin da ka ji a harshe ƙarfe bakwai saura shi ne daɗi. Saboda haka ni dai sunan da nake koyar da ɗalibaina da shi, kuma nake roƙon masu rediyo su gwada, shi ne hanyar marmari. Na yi tunanin kwaɗayi, amma kwaɗayi yana ɗauke da zargi, mun saba cewa shi ne mabuɗin wahala. Alhali wannan hanyar ita ce ke tada manomi da asuba, ita ke sa jariri ya lalubi nono, ita ke sa ɗaliba ta koma kan lissafin da ya gagare ta jiya.

Yanzu ga inda kayan maye suke shigowa. Albishir na gaskiya yana lafawa in abu ya zama sananne. Kayan maye kuwa ba sa bi ta ƙofa. Kodin da tiramol suna kashe bakin ƙwayoyin da ke taka wa VTA burki, sai dofamin ya kwararo. Hodar ibilis tana toshe wurin da ake tsotse ragowar a mayar. Sinadarin taba yana zungurar ƙwayoyin kai tsaye. Ta kowace hanya, saƙon da ke isa akumbens ɗaya ne: wannan ya fi yadda ka zata, ka riƙe duk abin da ya zo tare da shi. Sai ƙwaƙwalwa ta rubuta lungun, ta rubuta abokin, ta rubuta ƙarar buɗe murfin kwalba, har da lokacin da ake haɗuwa.

Wani saurayi mai shan ƙwaya, ɗan unguwarmu ne, ya taɓa zama a kan tabarmar ƙofar gidana yana murza yatsunsa. Ya ce, "Wallahi Malam, na fi shekara ban ji daɗinta ba. Amma in na bi ta bayan garejin nan, sai bakina ya kawo yawu, ƙafata ta juya da kanta." In mun ce dofamin daɗi ne, to maganar yaron nan ƙarya ce. In mun ce marmari ne, gaskiya tsantsa ya faɗa. Marmarin ya kumbura, daɗin ya tsuke. Hotunan ƙwaƙwalwa da Nora Volkow da abokan aikinta suka ɗauka a Amurka sun nuna cewa wuraren da ke karɓar dofamin a jikin ƙwayoyin jijiya sukan ragu a ƙwaƙwalwar waɗanda shaye-shaye ya kama, shi ya sa tuwon gida da hirar 'yan'uwa da ƙwallon yamma duk suke zama lami.

Abin ba ƙarami ba ne a ƙasar nan. Binciken da Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta yi tare da ofishin Majalisar Ɗinkin Duniya mai yaƙi da miyagun ƙwayoyi a 2018 ya nuna mutum miliyan 14.3, 'yan shekara 15 zuwa 64, sun yi amfani da kayan maye a cikin shekara guda. A watan Mayun 2018 ne gwamnatin tarayya ta hana haɗawa da shigo da maganin tari mai kodin.

Cacar ƙwallo ma ta nan take kamu, ba tare da an haɗiyi komai ba. Sirrinta shi ne ba ka san ranar ci ba, don haka albishir ɗin ba ya tsufa. Likitoci sun ga dattawa masu ciwon Parkinson, waɗanda ba su taɓa caca ba, sun afka mata bayan an ɗora su kan wasu magunguna masu kwaikwayon dofamin, in aka rage maganin kuma ta sake su. Jan allon waya da yatsa don ganin me zai fito yana da kama da haka, amma ina jan kunnen malamai kada su ce wa yara waya da hodar ibilis ɗaya ne. Ƙarfinsu ba ɗaya ba ne ko kusa. Haka masu cewa a yi "azumin dofamin". Ajiye waya na wasu awoyi abu ne mai kyau, amma ba dofamin ka daina ba, da ya ƙare a kanka ko cokali ba za ka iya ɗagawa ba.

Ga Hajiya ta ɗaga hannu. Bismillah, Hajiya.

Tambayarta ita ce, in haka ne, ke nan yaro ba shi da laifi? Hajiya, Allah ya saka da alheri. Ban ce haka ba. Sashen nan na bayan goshi mai auna abu yana nan, sai dai an fi ƙarfinsa, kuma ko a lafiyayyen mutum ba ya gama nuna sai an haura shekara ashirin. Yaro yana da alhakin neman magani da riƙe shi. Abin da nake ƙi shi ne mari da bulala. Dukanmu mun tuna watan Satumba na 2019, da 'yan sanda suka fito da mutum fiye da 300 daga wani gida a Rigasa, wasu da sarƙa a ƙafa. Iyaye da yawa da hannunsu suka kai 'ya'yansu, da kyakkyawar niyya. Amma sarƙa tana tsare ƙafa ne kawai, abin da aka rubuta a akumbens yana nan daram. Ranar da aka kwance shi ya bi ta bayan gareji, yawun zai kawo.

Abin da za ki yi, Hajiya, ki raka shi Asibitin Ƙwaƙwalwa na Tarayya da ke Barnawa, ko wani asibitin da ke da likitan wannan fanni. In tiramol yake sha da yawa, kada a yanke masa rana ɗaya a gida, likita ne zai tsara yadda za a sauke shi. Sannan a canja masa hanyar da yake bi, a canja lambar waya, a samo masa abin yi a daidai lokacin da ya saba fita, ko shagon kawunsa ne. Watannin farko zai ce miki komai ba ya masa daɗi, ki yarda da shi, gaskiya yake faɗa. A hotunan masu shan wani nau'in ƙwaya da suka daina, an ga sassan dofamin sun farfaɗo sosai bayan an haura shekara guda. In ya zame a tsakani, ki mayar da shi wurin likitan nan dai, da katinsa na farko.