Darasi: Mutum na uku a cikin igiya, aikin alƙalin damben boksin

Jama'a masu sauraro, barkanmu da sake haɗuwa. Yau ba kan 'yan dambe za mu tsaya ba. Mutumin nan za mu duba, wanda ke zagaye su da ɗan ƙullin baƙin ƙyalle a wuya, wanda ba a tunawa da shi sai ranar da ya yi kuskure.

Da farko ku raba shi da alƙalan maki. Su uku ne, a zaune suke a gefen fage, kowa da takardarsa: wanda ya ci turmi maki 10, ɗayan 9 ko ƙasa da haka. Shi na cikin igiya, a manyan wasanni ba ya ba da maki, ko da yake a Birtaniya yakan bayar a ƙananan wasannin da ba na kambu ba. Manyan umarninsa uku ne: tsaya, ku rabu, ku ci gaba. Sai dai ƙafarsa ba ta hutawa. Kullum yana neman gefen da zai ga tsakanin mutum biyun, domin idan ya tsaya a bayan ɗaya, naushin da zai yi ɓarna a ɓoye zai wuce masa.

To mu zo ga ƙirga, inda aka fi saninsa. Ƙirga goma ta samo asali ne daga dokokin Queensberry na 1867, su ne kuma suka kawo turmin minti uku da hutun minti ɗaya. Idan ɗan dambe ya sha ƙasa, alƙali ba ya fara da ɗaya, biyu. Sai ya fara kora wanda ya yi bugun zuwa kusurwar 'yan ba-ruwanmu mafi nisa, wato wadda ba ta ɗayan 'yan damben biyu ba, sannan ya waiwayi mai kula da lokaci ya karɓi ƙirgar daga inda ta kai. Kada ku raina wannan doka. A 1927 a Chicago, Jack Dempsey ya kai Gene Tunney ƙasa a turmi na bakwai, amma ya ƙi matsawa. Alƙali Dave Barry ya ƙi ƙirgawa sai da ya matsa. Tunney ya samu kusan daƙiƙa 14, ya tashi, ya kuma ci wasan.

Ko mutum ya miƙe a uku, a yawancin dokokin yau sai an kai takwas. Yanzu ku lura da hannun alƙali. Zai kama safar damben mutumin ya goge a gaban rigarsa, don kada ƙurar ƙasa ta shiga idon abokin karawa. Amma yana gogewa yana jin ko akwai ƙarfi a hannun. Ya ce masa tako gaba. Ya leƙa ƙwayar idonsa. Tambayar "za ka ci gaba?" ba amsarta yake nema ba, domin ɗan dambe ko bai san a wane gari yake ba, e zai ce. Ƙafa ce ba ta ƙarya.

Nan ne gizo ke saƙa: yaushe za a tsayar da wasa? Bari in ba ku biyu ku auna. A 1962 a New York, Emile Griffith ya matse Benny Paret a kusurwa a turmi na 12, yana ta zuba masa naushi, igiya ta hana shi faɗuwa. Alƙali Ruby Goldstein, wanda ake ganin ƙwararre ne, bai shiga da wuri ba. Bayan kwana goma Paret ya rasu. Na biyu, a 1990 a Las Vegas, Meldrick Taylor yana gaban Julio César Chávez a takardun alƙalai biyu, sai ya sha ƙasa a turmin ƙarshe. Ya tashi. Alƙali Richard Steele ya tambaye shi, bai samu amsar da ta gamsar da shi ba, ya ɗaga hannu ya tsayar da wasan, saura daƙiƙa biyu a kaɗa ƙararrawa. Har yau ana zaginsa a kai. Ni dai, ra'ayina ne, ina bayan Steele. Ba agogo aka ba shi ya duba ba, mutum aka ba shi.

Batun laifuka ba sai mun ja ba: karo da kai, gwiwar hannu, duka a ƙeya, duka ƙasa da ɗamara. Gargaɗi, sai rage maki, sai kora. Wanda aka daka a mara ana iya ba shi har minti biyar ya farfaɗo. A 1997, da Mike Tyson ya ciji kunnen Evander Holyfield, alƙali Mills Lane ya rage wa Tyson maki biyu. Da ya sake cizo, ya sallame shi bayan turmi na uku.

Mai sha'awar aikin kuma, daga ƙasa ake farawa, a wasannin matasa da waɗanda ba ƙwararru ba, shekaru ana yi a zaurukan da 'yan kallo ba su cika ba. Sai kwas da jarrabawa da gwajin lafiya, sannan lasisi daga hukumar dambe ta ƙasa ko ta jiha, kamar ta Nevada a Amurka. Za a fara ba ka wasan turmi huɗu, shida, takwas, kafin ƙungiyoyin dambe na duniya irin WBC ko WBA ko IBF ko WBO su yarda ka tsaya a wasan kambu mai turmi 12. Kuma kada ka ajiye sana'arka, yawancinsu da wani aikin suke ci. Shi kansa Mills Lane tsohon ɗan dambe ne da ya karanta lauya, lokacin wasan cizon nan alƙalin kotu ne a Nevada.

Lokaci ya cim mana. A darasi na gaba za mu ɗauki takardar maki mu cike ta tare, turmi bayan turmi.