Jawabin Maraba ga Mai Girma Ministan Lafiya daga Kwamitin Mata Musulmi Ma'aikatan Lafiya

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Tsira da amincin Allah su tabbata ga Annabi Muhammadu, da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.

Mai Girma Minista, manyan jami'an da suka rufa maka baya, malamanmu masu daraja, iyayenmu mata, 'yan uwa likitoci da ma'aikatan jinya da ungozomomi, assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

A madadin wannan kwamiti da dukkan matan da muke wakilta, muna yi maka barka da zuwa, barka da hanya. Ranka ya daɗe, ba sai mun tsaya lissafa ayyukanka ba, domin labarin himmarka da riƙon amanarka ya riga ka isowa nan, kuma yadda ka ajiye tarin aikin ofis ka tako da ƙafarka ya nuna mana cewa kai shugaba ne da ya yarda zuwa da kai ya fi saƙo. Allah ya ƙara maka lafiya da basira, ya sa ka gama wannan aiki da mutuncinka.

Masu iya magana sun ce ranar wanka ba a ɓoyon cibi, saboda haka za mu faɗi buƙatarmu tun kafin mu shiga tarihi. Muna roƙonka ka sa hannu a takardar izinin buɗe makarantar horar da ungozomomi mata wadda muka gina, ka kuma ba da umarni a turo mana malaman da za su koyar a cikinta. Ginin yana nan a tsaye, ka wuce ta gabansa ɗazu, ajujuwansa a share suke kuma a kulle. Mafi yawan abin da za ka ji daga bakinmu yau bayani ne a kan wannan roƙo guda.

Mai Girma Minista, aikin da muke neman a ba 'ya'yanmu damar koyo gadon gidanmu ne. A Madina, Rufaida al-Aslamiyya tana da tanti a cikin masallacin Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, inda take jinyar waɗanda aka ji wa rauni, kuma da kibiya ta samu Sa'adu ɗan Mu'azu a yaƙin Khandaƙ, shekara ta 5 bayan hijira, a tantinta Annabi ya ce a kwantar da shi domin ya riƙa duba shi daga kusa. Shugaban ƙabilar Ausu guda aka danƙa a hannun mace, kuma wanda ya danƙa shi shi ne mafificin halitta. Ummu Aɗiyya ta ba da labarin cewa ta fita yaƙi sau 7 tare da Annabi tana yi wa masu rauni magani tana kula da marasa lafiya. Ranar Uhudu, da jini ya ƙi tsayawa a fuskar Manzon Allah, Nana Faɗima ce ta ƙona guntun tabarma ta manna tokar a kan raunin har jinin ya tsaya. Urwatu ɗan Zubairu kuwa ya shaida cewa bai ga wanda ya fi Nana A'isha sanin fiƙihu da magani da waƙa ba. Da zamani ya yi nisa, a gidan likitocin nan na Banu Zuhur na Andalus an samu mata biyu, uwa da 'yarta, waɗanda suka ƙware a kan cututtukan mata har su ne ke duba iyalan Halifa Mansur. Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, wadda ta rasu a 1864, ta nuna yadda ake kai ilimi har ɗakin macen ƙauye, ta hanyar horar da matan da ake kira jaji tana tura su wurin 'yan uwansu mata. Wannan tsari nata shi muke son bi da ilimin ungozoma.

A kan wannan turba iyayenmu suka kafa wannan kwamiti. Sun fara ne 'yan ƙalilan, suna haɗuwa bayan an tashi daga aiki, suna bin gidaje suna roƙon masu ciki su je awo, suna raka mai naƙuda asibiti da tsakar dare, wani lokaci su miƙa hannunsu a ɗebi jininsu a ƙara mata. Da aikin ya fi ƙarfin hannayen da ke akwai, sai muka yanke shawarar gina makaranta. Ba mu nemi tallafin kowa ba a kan ginin. Daga albashinmu muka riƙa cirewa wata bayan wata, wasu suka sayar da abin wuyansu, wata baiwar Allah da ta rasa 'yarta wurin haihuwa ta ba da filin da ta gada sadaka. Muna faɗar wannan da alfahari, kuma ba mu ga laifin yin alfaharin ba.

Abin da ya biyo baya shi ne ke ci mana rai. Mun rubuta takarda, mun sake rubutawa, mun bi sawu har muka gaji da jin a dawo mako mai zuwa. An taɓa turo masu duba gini, suka zagaya, suka yaba, suka lissafa gyare-gyaren da suke so, muka yi su duka ba tare da ɓata lokaci ba, daga nan ba mu sake jin ɗuriyarsu ba. A tsawon wannan jira, 'yan matan da suka gama sakandare da sakamako mai kyau suna ɗokin shiga makarantar, da yawansu sun haƙura, domin iyayensu ba za su iya tura su karatu nesa ba. Ba mu ambaci sunan kowa ba, kuma ba mu zo ƙarar kowa ba. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, kuma yau Allah ya kawo mana wanda zai iya toshe shi.

Ranka ya daɗe, alƙaluman duniya ka fi mu saninsu, amma za mu maimaita su domin jama'ar da ke zaune nan. Ƙididdigar Hukumar Lafiya ta Duniya ta nuna cewa a shekarar 2023 mata kimanin 260,000 suka mutu sanadiyyar ciki ko haihuwa, wato sama da 700 kowace rana, mace guda a kowane minti 2, kuma kusan kashi 70 cikin 100 na wannan rashi a Afirka kudu da Sahara ya auku. Ƙasashen duniya sun yi alkawarin cewa zuwa 2030 adadin zai sauko ƙasa da mace 70 a cikin kowace haihuwa 100,000. Abin da ke kashe matan nan sananne ne: zubar jini bayan haihuwa, hawan jinin masu ciki da jijjigar da yake jawowa, ƙwayoyin cuta da ke shiga jikin mai jego, da doguwar naƙuda, wadda in ba ta kashe ba takan bar mace da yoyon fitsari da ƙyamar mutane. Maganin mafi yawansu ma sananne ne kuma ba shi da tsada. Allurar oksitosin tana sa mahaifa ta tsuke jini ya tsaya, magnesiyam salfet yana kare jijjiga, awo a kan kari yana gano hawan jini tun bai yi ɓarna ba. Sai dai allura ba ta yin kanta. Zubar jini yana iya kashe lafiyayyar mace cikin 'yan sa'o'i, kuma abin da ke raba ta da mutuwa a wannan lokaci shi ne a samu ƙwararriya a gefen gadonta wadda za ta gane alamar da wuri. Rahoton halin da aikin ungozoma yake ciki a duniya na 2021 ya ce akwai giɓin ungozomomi 900,000, ya kuma nuna cewa da za a wadata mata da kulawarsu, da an kauce wa kusan kashi 2 cikin 3 na wannan mace-mace. Makarantarmu ɗan ƙaramin kaso ce na cike wannan giɓi, kuma a kulle take.

Akwai dalilin da ya sa muka nace a kan mata. Mu da muke aikin dare mun sha ganin mace ta kwana tana naƙuda a gida saboda ta ji cewa namiji ne ke bakin aiki, ko mijinta ya yi ta jan ƙafa saboda wannan dalili, sai an kawo ta jini ya riga ya ƙare. Muna faɗa musu cewa shari'a ta halatta likita namiji ya duba mace idan lalura ta kama, kuma muna jinjina wa 'yan uwanmu likitoci maza da suka ceci rayukan da Allah kaɗai ya san yawansu. Amma kunyar mace ba laifi ba ce da za a hukunta ta a kai. Majalisar Fiƙihun Musulunci ta Duniya, a zamanta na Burunai a 1993, ta ce asali shi ne mace ta duba mace matuƙar akwai ƙwararriya, sannan ta yi kira ga hukumomin lafiya su ƙarfafa wa mata gwiwar shiga karatun likitanci, musamman fannin mata da haihuwa. Ga malamai sun yi nasu, saura hukuma. Hadisi ya ba matar da ta rasu wurin haihuwa darajar shahada, kuma muna yi wa waɗanda suka riga mu gidan gaskiya fatan samunta, sai dai wannan bushara ba ta sauke wa mai iko nauyin tambayar da za a yi masa ba, ga shi kuma Alƙur'ani a Suratul Ma'ida ya ce wanda ya raya rai guda kamar ya raya mutane ne baki ɗaya.

An gwada abin da muke nema a wani wuri kuma ya yi albarka. Edna Adan Isma'il, ungozoma Musulma, ta zuba kuɗin fanshonta ta gina asibitin haihuwa a birnin Hargesa na Somaliland wanda aka buɗe a 2002, ta mayar da shi wurin horar da 'yan mata da ke komawa garuruwansu su yi aiki. Yarinyar da aka horar kusa da gida ita ce ke zama, domin can danginta suke, kuma matan wurin sun san ta sun yarda da ita.

Muna da wasu buƙatu da za mu ambata a gurguje. Muna roƙon a ba mata kujeru a hukumomin gudanar da asibitoci, domin Hukumar Lafiya ta Duniya ta bayyana a 2019 cewa mata su ne kusan kashi 70 cikin 100 na ma'aikatan lafiya amma kashi 25 kacal na manyan muƙamai ke hannunsu, kuma ɗakin haihuwa yakan zo ƙarshe a kasafin da aka tsara babu mace a wurin. Muna roƙon a ja hankalin asibitoci cewa baliga mai hankali tana da ikon amincewa a yi mata tiyata domin ceton ranta, kada a bar ta tana zubar da jini ana neman wanda zai sa mata hannu. Muna kuma buƙatar firjin ajiye jini da allurai tare da wutar sola, tunda zafi yana rage ƙarfin oksitosin.

Idan hali bai ba da damar yin waɗannan duka yanzu ba, za mu yi haƙuri da su, amma ban da makarantar. Mai Girma Minista, kwafin duk takardun da muka rubuta da rahoton masu duba gini suna cikin fayil ɗin da shugabarmu za ta miƙa maka yanzu, tare da mabuɗin ginin. Muna roƙonka, don girman Allah da darajar mahaifiyar da ta ɗauki cikinka cikin rauni a kan rauni, ka sa hannu a takardar izinin nan, ka turo malamai, domin a ɗauki rukunin farko na ɗalibai a zangon karatu mai zuwa, kuma muna fatan kai ne za ka dawo ka buɗe ƙofar da hannunka.

Allah ya saka maka da alheri, ya mayar da kai da tawagarka gida lafiya. Wassalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Shugaba da Sakatariya,
a madadin Kwamitin