Ɗaki Ɗaya, Mutum Ɗaya: Lacca ga Matasa Masu Shirya Fim a Sakkwato

Assalamu alaikum. Ku matso gaba, na baya ba sa ji.

In aka ce fim ɗin ban tsoro a wurinmu, aljani mai jan ido ne ke faɗo mana a rai, da dariyarsa mai amsa-kuwwa. Yau wani iri dabam zan kawo muku: gajeren fim da babu dodo a cikinsa, sai mutum ɗaya a ɗaki, hankalinsa na suɓuce masa a hankali.

A 1953 an mayar da labarin marubucin Amurka Edgar Allan Poe na 1843, The Tell-Tale Heart, fim ɗin katun a Amurka, bai kai minti 10 ba. Mai ba da labarin ya kashe tsohon da suke zaune tare, ya ɓoye gawar ƙarƙashin katakon ɗaki. 'Yan sanda suka zo, ba su ga komai ba. Shi kuwa sai ya fara jin bugun zuciyar mamacin, yana ta ƙara ƙarfi, har ya tona wa kansa asiri. Alhali tun farko yake nanata mana cewa lafiyarsa ƙalau! Nan tsoron yake, an kulle mai kallo cikin kan mutumin.

Kuma irin wannan ruɗewar hankali ba ƙirƙirar marubuta ba ce kawai. A shekarun 1950, a jami'ar McGill ta Kanada, an biya ɗalibai su kwanta a ɗan ƙaramin ɗaki, an toshe musu gani da ji da taɓi. Cikin 'yan kwanaki wasu suka fara ganin abin da babu shi.

Sai dai ku yi hattara, kada ku mayar da mai taɓin hankali dodo. Ga asibitin masu larurar ƙwaƙwalwa nan Kware, 'yan'uwanmu ne ke jinya can, kuma danginsu za su kalli fim ɗinku.

To, ga misalin fim ɗin da za ku iya shiryawa: ɗalibi ne, kowa ya tafi hutu ya rage shi kaɗai. Watan Afrilu ne, an ɗauke wuta, fanka ta tsaya cak. Ya ji an ƙwanƙwasa, ya buɗe, ba kowa. Dare na uku ya ji sallama, ya amsa, sannan ya gane muryarsa ce. Ko sisi ba ku kashe a kwalliyar aljani ba.

Mako mai zuwa kowa ya zo min da sautin ɗakinsa na minti 2, wanda ya naɗa da waya bayan sallar isha'i. Hoto kam, tukuna.