Lacca: Shigar da Kiɗan Gargajiyar Filifin Cikin Kiɗan Fim na Zamani

Assalamu alaikum, malamaina da 'yan'uwana ɗalibai. Yau za mu yi magana ne a kan ƙasar Filifin, da yadda masu tsara kiɗan fim a can suke ƙoƙarin shigar da kayan kiɗan kakanninsu cikin aikin da aka saba yi da fiyano da kwamfuta.

Sai mu fara da sanin cewa kiɗan gargajiyar Filifin ba iri ɗaya ba ne. Sifaniyawa sun mulki ƙasar daga 1565 zuwa 1898, kuma a wannan zamanin ne aka samu rondalla, wato rukunin kayan kiɗa masu tsirkiya, da kundiman, waƙar soyayya wadda kan fara da amon baƙin ciki sannan ta juye zuwa na annashuwa. Wannan ɓangaren bai taɓa wahalar shiga fim ba, domin tun asali a kan ma'aunin sautin Turai aka gina shi.

Inda aikin yake shi ne kudu, a tsibirin Mindanao, wajen al'ummomin Maguindanao da Maranao, waɗanda Musulmi ne. Su ne masu kulintang: ƙararrawoyin tagulla guda takwas, kowace da ƙululu a tsakiyarta, jere a kan katako daga babba zuwa ƙarama, ana kaɗa su da sanduna biyu na itace mai taushi. Kulintang ba ya tafiya shi kaɗai. Akwai babbar ƙararrawar agung mai zurfin amo, da gangar dabakan, da ƙaramar ƙararrawar babandil mai riƙe lokaci, da kuma gandingan, ƙararrawoyi huɗu da ake ratayewa, waɗanda Maguindanao ke aika saƙo da su saboda suna kwaikwayon hawa da saukar magana, kamar yadda kalangu ke yi a wajenmu.

To, ga inda gizo ke saƙar. Ba a saita kulintang a kan ma'aunin fiyano ba, kuma jerin wannan gida yakan bambanta da na wancan, domin kunnen maƙeri da na makaɗi ne suke yanke hukunci. Idan mai tsara kiɗa ya haɗa shi da sauran kayan situdiyo, sai a ji sautukan suna karo. Hanya mai sauƙi ita ce a ɗauki amon kowace ƙararrawa a kwamfuta, a ja shi sama ko ƙasa har ya dace da fiyano. Ni a ganina wannan asara ce babba, saboda abin da aka goge shi ne ainihin abin da ya sa kulintang ya zama kulintang. Hanyar da ta fi wahala, kuma ta fi daraja, ita ce a fara ɗaukar makaɗin yana kaɗa nasa salon, sannan a rubuta sauran kiɗan yana bin bayansa, a rage kayan da ba sa lanƙwasuwa, a bar wa ƙararrawar fili ta numfasa.

Akwai kuma batun ma'ana. Kulintang kiɗan biki ne da taron jama'a, kuma a al'ada mata ne suka fi kaɗa shi. Idan darakta ba ya kiransa sai inda za a nuna rikici ko daji mai ban tsoro, to yana koya wa mai kallo a Manila, babban birnin ƙasar, ya ji tsoron mutanen kudu ta kunnensa, ba tare da an furta kalma ko ɗaya ba.

Mai son yin aikin da gaskiya ba zai rasa madogara ba. Farfesa José Maceda, wanda ya rasu a 2004, ya shafe shekaru da dama yana zagaya ƙauyuka yana ɗaukar wannan kiɗan, kuma tarin nasa yana Jami'ar Filifin, har UNESCO ta sanya shi cikin kundin tarihin duniya a 2007. Samaon Sulaiman, gwanin kutyapi mai tsirkiya biyu, ya samu lambar girmamawar ƙasa a 1993, kuma ya koyar da almajirai kafin rasuwarsa. Irin waɗannan makaɗa ya kamata a gayyato situdiyo, a biya su haƙƙinsu, a kuma rubuta sunayensu a ƙarshen fim tare da na mai tsara kiɗan.